Hannun Baba a Bangon Makaranta

'Yan uwa masu karatu, salama a gare ku. Ku ɗan matso kusa, don abin da zan faɗa yau ba na ɗaga murya ba ne. Har yanzu in na tuna shi sai in ji fuskata ta ɗauki zafi.

Sunana Roda, 'yar Malam Ishaya, dattijon ikilisiyar ƙauyenmu da ke bayan Gozaki ta hanyar Kafur. Lokacin da abin ya faru ba a daɗe da samun mulkin kai ba. Ina koyar da 'yan aji ɗaya a makarantar mishan ta garinmu, kuma ina da manemi. Sunansa Habila, ɗan wani kafinta a Malumfashi. A Kaduna yake aiki wurin masu majigi, waɗanda ke bin ƙauyuka da mota suna haska wa manoma yadda ake zuba takin zamani da feshin auduga. Shi ne mai riƙe kyamara.

Da a nan ya tsaya, da babu magana. Amma duk guntun fim ɗin da ya rage bayan aikin ofis sai ya roƙa a bar masa, ya adana a gwangwani, in ya sami hutu ya haɗa nasa fim ɗin da babu wanda ya sa shi. Finafinan nasa kuwa ba labari, ba jarumi, ba mai bayani. Ya taɓa haska mana ɗaya a gidansu, ni da ƙannensa. Bakin wani tsoho ne kawai yana rera waƙen da ya tsara, leɓe da haƙora da farin gemu, sai ruwan sama yana dukan kwano, sai bakin ya dawo. Da aka gama na ce, "To ina sauran mutumin?"

Ya yi dariya. "Waƙar a bakinsa take, Roda. Me za ki yi da kunnuwansa?"

Ban gane ba, amma kwana da kwanaki bakin tsohon nan yana yi mini gizo. Ina jin tun daga ranar na san ba zan iya auren wani ba.

A gida kuwa ba haka ake gani ba. Gwaggo Ladidi, ƙanwar Baba, wadda ke zaune da mu tun rasuwar mijinta, ita ce ta fi kowa zafi.

"Namiji da gemunsa yana bin mata masu daka da akwati manne a ido," in ji ta, tana murza mazari. "Ga Luka can yana aiki a injin gurzar auduga na Funtua, ya yi ɗaki rufin kwano, ya aiko ya sake aikowa. Ke kuma kin nace wa mai inuwa a bango."

Inna kuwa sai dai ta dube ni ta sauke numfashi, kuma wannan ya fi maganar Gwaggo yi mini nauyi. Baba ne kaɗai ya ce a bar yaron. Ɗan masu bi ne, yana da aikin yi, ba ya shan komai. Ya ce bayan kaka iyayensa su zo a yi magana.

Sai na gaya muku ko wane ne Baba, in ba haka ba ba za ku gane girman abin ba. Kafin ya karɓi bishara sunansa Mati, kuma makaɗin gangar noma ne. Gwaggo ta ce daga Gozaki har Tsiga babu gayyar da ke amsa sunanta in ba shi ne riƙe da ganga ba. Wannan duk a raɗa na ji shi, don ni ban taɓa ganinsa da ganga ba. Na tashi na tarar da mutum mai farar riga 'yar shara da baƙar hula, wanda in ya shigo zaure har awaki sukan natsu. A gidanmu ko ƙwarya ba a kaɗawa da wasa. A daminar nan ma shi ya tsaya kai da fata aka sa wa Liatu matar Shitu horo, saboda an gan ta ta taka rawa a wurin gayya. Aka mayar da ita bencin baya, aka hana ta cin jibi, wato gurasa mai tsarki da ake rabawa a majami'a, aka cire ta cikin mawaƙan zumuntar mata. Ta yi kuka ta ce ƙafarta ce ta kufce mata. Baba ya ce wanda ya kasa tsare ƙafarsa ba zai tsare zuciyarsa ba.

Cikin daminar ce Habila ya zo da kyamararsa, ya ce fim zai yi a kan hannuwa. Hannuwa kawai, da kiɗan da suke yi ba tare da masu su sun sani ba. Ni ya rataya wa na'urar ɗaukar murya a kafaɗa, mai nauyi kamar dutsen niƙa, ina bin sa ina jin kunyar idon mutane. Ya ɗauki hannun Inna a kan taɓarya, da yatsun Gwaggo a kan zare duk da tsakin da take yi, da hannun wata tsohuwa tana tafi tana yi wa jikanta waƙar reno. Ranar kuma an yi gayya a gonar Sada maƙwabcinmu, wanda bai shiga addini ba, don haka ganga tana tashi tun hantsi. Na ga lokacin da Habila ya juya kyamara wajen ƙofar gidanmu, inda Baba ke zaune gindin ɗorawa yana karatu. Na ɗauka itacen yake ɗauka.

Da kaka ta yi, auduga ta buɗe fari fat a gonaki, sai ga shi ya dawo da motar majigi. Ya durƙusa gaban Baba ya nemi izini ya haska wa mutanen gari abin da aka ɗauka a garinsu. Baba ya ce bayan sujada ranar Lahadi, a ajin makaranta, da rana, don kada yara su fake da duhu su yi shashanci.

Ranar na ci kwalliya. Na ɗaura sabuwar atamfata mai zanen ganyen rogo, shuɗi da ruwan ƙwai, na saka farar riga mai leshi a wuya wadda na ɗinka a Malumfashi, na kafa ɗankwali har Gwaggo ta ce ko yau ne ɗaurin auren. Habila yana sanye da wandon kaki da farar riga shat ya naɗe hannunta. Aka toshe tagogi da barguna, aka ajiye injin wuta a bayan aji yana ruri. Dattawa da Fasto a gaba, mata a hagu, maza a dama, yara zube a ƙasa. Liatu tana can ƙarshe jikin ƙofa, don ta saba da baya.

Haske ya faɗa kan bango. Taɓarya ta tashi ta sauka, ta tashi ta sauka, kuma sautin luguden yana fita daga na'urar daidai da saukarta. Mata suka fara guɗa ƙasa-ƙasa.

"Hannun matar Malam Ishaya ne, ga warwaronta."

"Kai, ji yatsun Ladidi."

Na saci kallon Gwaggo, na ga ta rufe baki da gefen zane tana murmushi. Na ce a raina yau Habila ya ci gari.

Sai gangar gayya ta shigo. Aka nuna hannuwa a kan ƙotar garma, jere, suna sauka tare. Aka nuna hannun makaɗi. Kiɗan ya yi ta hawa, yana hawa, har yara suka fara girgiza kai. Can sai hoton ya canja. Baƙin bangon littafi ne ya cika bangon aji, Littafi Mai Tsarki, a kan gwiwar wani mai farar riga. A kansa kuma hannu. Babu fuska, babu kafaɗa. Hannu ne baƙi mai jijiyoyi, da tabon lauje a gindin babban yatsa.

Da fari hannun yana kwance. Sai yatsa ɗaya ya ɗaga ya sauka. Sai biyu. Kafin a ankara yatsun nan biyar sun kama kiɗa a kan littafin, suna amsa gangar, suna riga ta, suna jiranta ta iso, tafin yana bugun gefe kamar mai lallashin yaro.

Babu wanda bai san tabon nan ba. Hannun da ke miƙa mana gurasar jibi ke nan.

Duk aka zuba wa bangon ido, ganga tana ci gaba da tashi daga na'urar. Wani yaro ya ce, "La, Baba Ishaya," uwarsa ta make masa baki. Daga baya can, jikin ƙofa, wata 'yar dariya ta kufce, gajeriya, aka haɗiye ta nan take. Ban waiga ba, na san mai ita.

Ga abin da ban taɓa gaya wa kowa ba. Kafin kunya ta rufe ni, akwai ɗan lokacin da na manta inda nake. Tun da aka haife ni ban taɓa ganin Baba yana farin ciki ba sai a hannun nan. Na ji ina son hoton ya daɗe. Da na dawo hayyacina na ga bayan wuyansa a bencin gaba, ya sandare, sai na ji kunyar ta ninku, ta abin da aka gani da ta abin da na ji.

Baba ya tashi a hankali, ya ɗauki hularsa, ya ratsa ta tsakiyar yara. Da ya gifta gaban majigin inuwarsa ta rufe hannun. Ya ɗaga bargon ƙofa ya fita. Fim ɗin ya ci gaba da tafiya, babu mai kallo.

A gida Inna ta kai masa tuwon dawa da miyar kuɓewa, ta dawo da shi yadda ta kai. Kashegari ma haka. Bai yi wa kowa faɗa ba, da ma ya yi. Yakan fita gona tun kafin a ɗora kunu, ya tsinci audugarsa shi kaɗai, ya dawo ya shige ɗaki. Ya daina zama gindin ɗorawa. Ni kuwa hanyar rijiya ta gagare ni. In na nufo sai hira ta mutu, in na wuce in ji wata tana ƙwanƙwasa gefen tulu da yatsu. Har 'yan ajina na kama suna buga tebur suna kallona ta wutsiyar ido.

"Kin gani ko?" in ji Gwaggo. "Kin jawo mana shi har zaure, kin ɗaukar masa kaya, ya tuɓe ubanki a gaban jama'a. Ɗan uwana ya shekara ashirin yana binne Mati, yaronki ya tono shi rana tsaka."

"Gwaggo, ban sani ba."

"To yanzu kin sani."

Ranar kasuwar Kafur na raka Inna sayar da daddawa, na sami Habila tsaye jikin motar majigi a bakin tasha. Ya rame. Ya cire tabarau ya gaishe ni, na ƙi amsawa.

"Roda, ban yi don in ci mutuncinsa ba."

"Me ya hana ka gaya mini?"

"Na zaci zai ji daɗi. Na zaci in ya ga yadda abin ya yi kyau..." Ya juya tabarau ɗin a hannunsa. "Ban nuna fuskarsa ba."

"A garinmu hannu ma fuska ne, Malam. Kai ne ka daɗe a Kaduna."

Ya sunkuyar da kai. Na ce masa ya yanke wurin, ya ƙone, ya zo ya ba Baba haƙuri. Sai ya gaya mini abin da ban sani ba. Wani malamin jami'a a Zariya ya ga fim ɗin, ya rubuta wa masu wani taron finafinai a Ikko, sun ce ya zo da shi. In ya karɓu, akwai maganar tura shi karatun fim a ƙasar waje. Shekarunsa nawa yana ɗaukar buhunan taki, wannan ce ƙofar farko da ta buɗe masa.

"To ka kai musu sauran. Ga daka, ga kaɗi, ga noma."

"Sauran duk hanya ce zuwa wurin hannun nan. In na cire shi, abin da ya rage hotunan mata masu aiki ne, kowa ma zai iya. Kuma kwafi ɗaya gare ni."

"Hannun ubana ne."

"Na sani."

"Za ka kai shi Ikko baƙi su yi masa dariya?"

"Ba dariya za su yi ba, Roda. Ke ma ba ki yi dariya ba. Na ga fuskarki."

Wannan maganar ta fi komai ƙona ni, don gaskiya ce. Na juya na bar shi tsaye.

Lahadi ta zagayo. Na so in ce ba ni da lafiya, Inna ta ce in tashi in ɗaura zane. Majami'a ta cika har waje, waɗanda suka yi wata ba su zo ba duk sun zo. Bayan wa'azi Baba ya miƙe daga kujerar dattawa. Muryarsa ba ta rawa.

"'Yan uwa, na ce a hori Liatu don ƙafarta ta bi ganga. Kun ga abin da hannuna ya yi, kuma a kan me ya yi shi. Na roƙi Fasto da dattawa, sun yarda ta koma wurinta." Ya dubi baya. "Liatu, taso."

Ta taso, ta rasa inda za ta sa idonta. Shi kuma ya sauko, ya bi tsakiyar majami'a da Littafinsa a hammata, ya je ya zauna a bencin da ta bari. Fasto ya ce, "Malam Ishaya, ba mu yanke wannan ba." Baba ya ce, "Ni na yanke."

Mutumin da ya aza harsashin ginin nan da hannunsa, zaune a bencin horo kusa da takalman mutane. Inna ta rufe fuska da mayafi. Ni ban san lokacin da na tashi ba, sai ganina na yi kusa da shi a kan bencin. Bai dube ni ba. Da aka zo miƙa jibi aka wuce mu.

Da la'asar ranar muna tsakar gida, Inna tana tankaɗe, sai muka ji babur ya tsaya a ƙofa. Habila ya yi sallama a zaure, Baba ya ce ya shigo ciki. Ya cire takalmi tun daga bakin rumbu, ya zo ya durƙusa gaban tabarmar Baba. Ya ajiye gwangwanin fim, ya ɗora almakashi a kai.

"Baba, na yi laifi. Na ɗauki abin da ba a ba ni ba. Gobe zan hau jirgi a Funtua, amma ba zan tafi da shi ba sai da yardarka. Ga shi, ka yanke da hannunka."

Baba ya daɗe yana kallon gwangwanin. "An ce da shi za ka sami karatu."

"Haka aka ce, Baba."

"In an yanke fa?"

Habila ya dubi almakashin.

Baba ya sa bayan hannu ya turo gwangwanin da almakashin wajena. "Ni na gama da nawa yau da safe. Abin da ya saura tsakaninku ne. Ke za ki zauna da shi, ke kuma 'yata ce. Ki yi abin da kika ga ya dace."

Na dubi Inna, idonta yana kan rariya. Gwaggo ta matso har ina jin numfashinta a kunnena.

"Me kike jira? Ko sai an kai ubanki kasuwar Ikko?"

Habila ya buɗe gwangwanin, ya warware fim ɗin a hankali yana ɗaga shi ga hasken rana, har ya zo wurin hannun Baba. Ya riƙe farkon da yatsu biyu, ya nuna mini ƙarshen. Bai roƙe ni ba, ko da ido. Na ga hannun Baba ƙanana-ƙanana jere a kan zirin, kamar ƙwayar gero. Na tuna bencin baya, da tiren jibi da ya wuce mu, da tulun da ake ƙwanƙwasawa a rijiya. Na ce a raina wace irin 'ya ce za ta zaɓi saurayi a ranar da ubanta ya zauna cikin takalma.

Na yanke. Na matsa gaba na sake yankewa. Zirin ya faɗi kan tabarma ya nannaɗe.

Habila ya naɗe sauran ya mayar a gwangwani, ya rufe. Ya yi wa Baba sallama, ya yi wa Inna, har Gwaggo sai da ya ce mata a tashi lafiya. Ni ya ce mini, "Na gode, Roda," da irin muryar da ake yi wa baƙo magana. Bai ce komai a kan zuwan iyayensa ba, kuma babu wanda ya tambaye shi.

"Yanzu na san jinin gidan nan ce ke," in ji Gwaggo, ta shige madafa.

Na ɗago ina jiran Baba ma ya sa mini albarka. Sai na ga ya ɗauki zirin daga kan tabarma, ya ɗaga shi saitin rana yadda ya ga Habila ya yi, ya ƙanƙance ido. Ya bi shi hoto bayan hoto har ƙarshe, ya koma farko. Leɓensa yana motsi kaɗan-kaɗan. Da ya sauke, idonsa ya yi ja.

"Ashe har yanzu Mati yana nan," ya ce, ba da ni ba. Sannan ya dube ni, a karo na farko tun ranar majigin, ya yi magana ƙasa-ƙasa yadda Gwaggo ba za ta ji ba.

"Da kin bar masa, Roda."

Almakashin yana hannuna har lokacin. Na miƙe na nufi zaure da gudu, ɗankwalina ya zame ban tsaya ɗauka ba. Da na leƙa waje babu kowa a ƙofar gida, ƙarar babur ɗin ta riga ta kai gangaren rafi.